Tsofaffin finafinan beyar a daji: ina gaskiya, ina shiri?

Tambaya: Ni malamin firamare ne. Na ci karo da wasu tsofaffin finafinai a YouTube, na shekarun 1950 zuwa 1980, masu nuna rayuwar beyar (dabbar da ake kira bear da Turanci) a daji. 'Ya'yana suna son su ƙwarai. To amma wani ya ce mini duk shiri ne, dabbobin ma horarru ne. Shin haka ne? Zan iya nuna wa ɗalibai su a matsayin darasi?

Amsa: Malam, wanda ya faɗa maka haka ya kama wani ɓangare na gaskiya, sai dai ya wuce gona da iri. Yawancin abin da idonka yake gani a waɗannan finafinai ya faru, kuma dabbar daji ce ta aikata shi. Matsalar tana cikin abin da kunnenka yake ji, da yadda aka jera hotunan wani bayan wani, sai kuma wasu 'yan wurare da aka shirya da gangan aka yi gum. Kana iya nuna wa ɗalibai, ina ma ba ka shawarar ka nuna, amma sai ka fara sanin inda aka sa hannu.

Tunda dabba ce da ba mu da ita, bari mu fara tantance wadda kake kallo. Nau'in beyar takwas ne a duniya, kuma babu ko ɗaya a Afirka yanzu. Wanda ya taɓa rayuwa a tsaunukan Atlas na arewacin nahiyar ya ƙare tun ƙarni na 19. Tsofaffin finafinan nan kusan duk a kan nau'i uku suke. Akwai baƙin beyar na Arewacin Amurka, wanda ya fi sauran biyun ƙanƙanta kuma gwanin hawa bishiya ne. Akwai girizili, mai launin ƙasa-ƙasa, da tozo a kafaɗa da dogayen farata. Sai farin beyar na yankin ƙanƙara. Kada launi ya ruɗe ka, domin ana samun baƙin beyar mai launin ja-ja ko na ƙasa-ƙasa. Tozon nan shi za ka duba.

Ina kyautata zaton cikin waɗanda ka kalla akwai Bear Country na kamfanin Walt Disney, wanda ya fito a 1953, James Algar ya ba da umarni, Winston Hibler ya yi sharhi. Tsawonsa kusan rabin sa'a ne, an haska shi a silima tare da Peter Pan, kuma ya ci lambar yabo ta Oscar a 1954. Yana cikin jerin finafinai 14 da kamfanin ya kira True-Life Adventures, waɗanda ya fitar daga 1948 zuwa 1960. Wannan jerin ne ya kafa salon da kusan duk wanda ya biyo baya ya kwaikwaya: a fara da lokacin sanyi, a haifi 'ya'ya, su fito duniya, su yi wasa, su tsallake haɗari, su girma, sanyi ya dawo. In ka fahimci yadda aka yi wannan fim, ka fahimci sauran.

Ka dubi kayan aikin mutanen wancan lokaci. Kyamararsu mai zaren fim ce na milimita 16. Ƙaramin naɗi mai tsawon ƙafa 100 ba ya kai minti uku ya ƙare, sai an tsaya an buɗe kyamara an sa wani. Da yawa daga kyamarorin ma murɗa su ake yi da hannu, su yi gudu na ɗan lokaci su tsaya. Zaren mai launi na lokacin, Kodachrome, yana son haske sosai, don haka da asuba da almuru, lokacin da beyar ya fi yawo, da wuya a samu hoto mai kyau. Mai ɗauka kuma ba ya ganin abin da ya ɗauka sai an aika an wanke. Mutum zai yi makonni a daji ya dawo da guntaye: nan uwa tana tona ƙasa, can ɗa yana saman bishiya, wata rana dabam wani ƙaton namiji yana wucewa.

A ɗakin tace hoto ake mayar da waɗannan guntaye labari. A nuna namiji yana tafiya yana fuskantar dama, a yanke, a nuna uwa ta ɗaga kai tana fuskantar hagu, a yanke, a nuna ɗa yana rarrafawa sama. Kai mai kallo sai ka haɗa da kanka: namiji ya taho, uwa ta hango shi, ta kori ɗanta sama. Alhali mai yiwuwa hotunan uku an ɗauke su a watanni dabam-dabam, a kwaruruka dabam-dabam. Ga hanyar gwaji mai sauƙi da za ka iya koya wa yara: shin ka ga dabbobin biyu a cikin hoto ɗaya, lokaci ɗaya? In ka gan su tare, sun haɗu. In kullum sai an yanke daga wannan zuwa wancan, to ka ajiye hukunci. Haka nan ka riƙa lura da 'ya'yan da aka ce ana bin su tun haihuwa har girma. Tsayar da hoton ka duba launin gashi, da farin tabon ƙirji da wasu suke da shi, da siffar kunne. Sau da yawa za ka tarar iyali da dama ne aka mayar ɗaya.

Ni ban ɗauki wannan a matsayin babban laifi ba. Abin da aka nuna hali ne na gaske: uwar baƙin beyar tana tura 'ya'yanta bishiya in ta ji haɗari, kuma namiji haɗari ne a gare su, domin yakan kashe 'ya'yan da ya tarar. Uba ba ya reno ko na kwana ɗaya. Labarin an haɗa shi ne, amma darasin da ke ciki daidai yake.

Sauti kuwa, ka ɗauka kusan dukkansa daga baya aka sa. Kyamarorin ba sa ɗaukar murya, kuma ko da suna ɗauka, dabbar tana can nesa, gilashin kyamara ne ya jawo ta kusa. Takun ƙafa a kan dusar ƙanƙara, fantsamar ruwa, ƙarar tauna, duk a sutudiyo wasu ma'aikata suke ƙirƙirarsu suna kallon hoton. Har yau ma haka ake yi a finafinan dabbobi da yawa. Inda abin ya ɓata shi ne ruri. Beyar dabba ce mai yawan shiru. In ransa ya ɓaci yakan yi huci da ƙarfi, ya karkaɗa haƙora, ya doki ƙasa da ƙafar gaba. 'Ya'ya in suna shan nono sukan yi wani gunji mai daɗi a maƙogwaro. Amma a finafinai da yawa, da zarar ya miƙe a kan ƙafafun baya sai a sako ruri mai firgitarwa da kiɗan tashin hankali. Miƙewar nan yawanci don ya gani da kyau ne, ya kuma shaƙi iska ya gane me ke gabansa. Wanda zai kai farmaki a kan ƙafa huɗu yake zuwa, kai a ƙasa, kuma girizili yana iya gudun da ya haura kilomita 50 a sa'a.

Akwai wani wuri a Bear Country da duk wanda ya kalla yake tunawa. Dabbobin sun jingina da bishiyoyi suna susar baya, suna sama suna ƙasa, baki a sake, an kuma sa musu kiɗa daidai da motsinsu har kamar rawa suke. Yara suna dariya, manya ma haka. Hoton gaskiya ne, ba wanda ya koya musu. To amma fim ɗin ya bar mai kallo da tunanin ƙaiƙayi ne kawai. Masu bincike daga baya sun nuna cewa wannan gugar tana barin warin jiki a kan itacen, kuma akwai bishiyoyin da ake komawa gare su shekara da shekaru, kowane mai wucewa ya shinshina ya san wa ya riga shi. Yau ma'aikatan daji suna tsintar gashin da ya maƙale a irin waɗannan bishiyoyi su kai ɗakin gwaji, su ƙirga dabbobin yanki guda ba tare da sun kama ko ɗaya ba. Wannan wuri kaɗai ya ishe ka darasi guda: ka kashe sautin, ka nuna wa yara, ka tambaye su me suke jin dabbar tana yi, sannan ka kunna sautin su ji yadda kiɗa ya yanke musu hukunci.

Abin da ya fi damuna a tsofaffin finafinan shi ne muryar mai sharhi. Ta mayar da beyar wawan daji mai ban dariya, malalaci mai kwaɗayi, uwa kuma mai tarbiyya irin ta mutane, 'ya'ya 'yan ƙiriniya. Mun san irin wannan a tatsuniya, inda kura take zama sakarya kowa ya yi mata wayo, alhali mafarauci ya san kurar daji ba abin wasa ba ce. Sai dai yaron da ake yi wa tatsuniya ya san tatsuniya ce, shi kuwa mai kallon fim an rubuta masa a kan allo cewa rayuwa ce ta gaskiya.

Wannan kuwa ya zo a lokacin da ake fama da ainihin wannan matsala a gandun dajin Yellowstone na Amurka, inda aka ɗauki Bear Country. Gandun, wanda aka kafa a 1872, ya shafe shekaru masu yawa yana barin beyar su ci daga jujin otal-otal. Har kujeru aka taɓa jerawa baƙi su zauna da yamma su kalli girizili suna cin shara, kafin a daina hakan a farkon shekarun 1940. A bakin titi kuma baƙaƙen beyar suna tare motoci suna bara, mutane suna miƙa musu burodi ta taga, wasu su fito su tsaya kusa a ɗauke su hoto. Alƙaluman hukumar gandun sun nuna cewa daga 1931 zuwa 1969, a matsakaici mutum 48 ne beyar yake raunatawa kowace shekara. Fim ɗin bai nuna titi ba, bai nuna juji ba, bai nuna mota ko ɗaya ba. Ya nuna daji wanda kamar ɗan Adam bai taɓa taka shi ba. Ɓoye mutane daga hoto shi ne shirin da ya fi kowanne yawa a finafinan dabbobi, kuma shi ne wanda mai kallo bai cika lura da shi ba. Sai da aka kai daren 13 ga Agusta 1967, lokacin da girizili biyu dabam-dabam suka kashe 'yan mata biyu a wurare biyu a gandun dajin Glacier, shi ma a Amurka, sannan hankalin jama'a ya tashi sosai a kan sabon da dabbobin suka yi da abincin mutane. A 1970 Yellowstone ta tsaurara hana ciyar da su, ta kuma shiga rufe jujin.

Yanzu ga inda mai ba ka labari yake da gaskiya ɗari bisa ɗari. A 1958 kamfanin Disney ya fitar da White Wilderness, kan dabbobin yankin ƙanƙara, shi ma ya ci Oscar. A 1982 wani shirin bincike na gidan talabijin ɗin CBC na Kanada, mai suna Cruel Camera, ya bankaɗo cewa wurin da aka nuna ƙananan ɓerayen nan da ake kira lemin suna faɗawa teku su hallaka kansu, shirya shi aka yi. An kawo su daga wani yanki zuwa lardin Alberta na Kanada, aka tunkuɗa su daga kan gaɓa zuwa cikin kogin Bow. Lemin ba sa kashe kansu. Shirin ya kuma nuna cewa ɗan farin beyar da aka gani yana gangarowa yana wuntsilawa a kan tudun ƙanƙara, a wani sutudiyo na birnin Calgary aka ɗauke shi. Wannan zalunci ne, kuma ƙarya ce, ba ni da wani uzuri da zan ba shi. In za ka nuna wannan fim, sai ka faɗa wa yara tun kafin a kunna.

Haka nan duk inda ka ga cikin kogon haihuwa a tsohon fim, da haske tas, kyamara dab da uwa, ka ɗauka an gina wurin ne ko kuwa dabbar tana hannun mutane. Dalili kuwa yana cikin halittar dabbar. Macen beyar tana barbara tsakanin Mayu da Yuli, amma cikin ba ya kama girma sai wajen ƙarshen kaka, in ta tara kitse isasshe. Tana shiga rami ko kogo, ta yi watanni ba ci, ba sha, ba fitsari, ba bayan gida. Bugun zuciyarta yana sauka daga wajen 40 ko 50 a minti zuwa ƙasa da 20. A cikin wannan hali take haihuwa, wajen Janairu ko Fabrairu, kuma jaririn baƙin beyar ba ya kai rabin kilo, idanu a rufe, gashi ɗan kaɗan. Sai dai zafin jikinta ba ya sauka sosai, saboda haka tana iya farkawa ta kare kanta. Ramin ƙunci ne da duhu, zaren fim na lokacin kuwa sai da fitilu masu ƙarfi. Ko a 2011, da kayan aikin zamani, hoton jariran farin beyar a cikin kogo da BBC ta nuna a Frozen Planet a wani gidan namun daji na ƙasar Holan aka ɗauke shi. An yi ta ce-ce-ku-ce, tashar ta ce ta bayyana hakan a shafinta na intanet. Ni a ganina ɗaukar hoton a gidan namun daji ya fi tausayi ga dabbar daji, amma a cikin shirin ya kamata a faɗa, inda mai kallo zai ji.

Daga shekarun 1960 salon ya fara sauyawa, kuma nan ne finafinan da na fi so ka nema suke. 'Yan tagwaye Frank da John Craighead sun yi binciken girizili a Yellowstone daga 1959 zuwa 1971. Suna harba wa dabba allurar barci, su auna ta, su sa mata alama a kunne, kuma suna cikin na farko da suka rataya wa babbar dabbar daji abin wuya mai aika sigina ta rediyo, suna bin ta har inda take kwanciyar sanyi. Ƙungiyar National Geographic ta Amurka ta yi shiri a kan aikinsu a 1967 mai suna Grizzly! A nan mutane suna cikin hoto, da motarsu, da kayan aikinsu, da tsoronsu in dabba ta farka kafin lokaci. Yaro zai ga yadda ake samo ilimi, ya ga cewa abin da ke cikin littafi wani ne ya sha wahala ya gano shi. Tagwayen sun saɓa da hukumar gandun kan rufe juji. Su suna ganin a rufe a hankali don kada dabbobin da suka saba su bazama sansanin baƙi neman abinci. An rufe da sauri, binciken nasu ya tsaya, an kuma kashe girizili da yawa a shekarun da suka biyo. A 1975 gwamnatin Amurka ta sa girizili cikin dabbobin da ke fuskantar barazana a jihohin da ke kudu da Kanada, lokacin da ƙiyasin da aka saba ambata na yankin Yellowstone bai wuce 136 ba. Yau sun haura 700.

A ɓangaren farin beyar, akwai Polar Bear Alert na National Geographic, 1982, kan garin Churchill da ke gaɓar Hudson Bay a Kanada, inda dabbobin suke taruwa wajen Oktoba da Nuwamba suna jiran teku ya daskare su fita farauta, suna kuma shiga gari da juji. Sai Kingdom of the Ice Bear na BBC, 1985, aikin Hugh Miles da Mike Salisbury, wanda haƙurin masu ɗauka yake bayyana a kowane hoto. Waɗannan sun zo bayan yarjejeniyar 1973 da ƙasashe biyar, Kanada, Denmak, Norway, Tarayyar Sobiyet da Amurka, suka sa wa hannu a Oslo don taƙaita farautar farin beyar. Suna da wata daraja da masu yinsu ba su yi niyya ba: sun adana yadda ƙanƙarar teku take shekaru 40 da suka wuce, kafin raguwar da ake gani yanzu.

Kada ka haɗa waɗannan da fim ɗin Faransa na 1988, L'Ours, na Jean-Jacques Annaud, wanda yakan fito a bincike tare da su. Wannan wasan kwaikwayo ne, babban beyar ɗin cikinsa horarre ne mai suna Bart, kuma masu fim ɗin ba su ɓoye ba.

In ɗalibanka sun tambaya ko ana iya sabawa da beyar har a zama abokai, ka faɗa musu gaskiya. Michio Hoshino, ɗan Japan, ƙwararren mai ɗaukar hoto da ya daɗe yana aiki a jihar Alaska ta Amurka, beyar ya kashe shi a tantinsa a yankin Kamchatka na Rasha a watan Agusta 1996. Wani Ba'amurke, Timothy Treadwell, ya yi shekaru 13 yana zuwa duk lokacin zafi ya zauna kusa da su a gandun Katmai na Alaska yana ɗaukar su, yana raɗa musu sunaye, har wani ya kashe shi tare da abokiyar tafiyarsa a Oktoba 2003. Mai shirya finafinai Werner Herzog ya yi fim da hotunan da Treadwell ya bari, Grizzly Man, a 2005. Wannan na manya ne, kada ka kai shi aji.

Ga yadda zan tsara in ni ne kai. Ka fara da Bear Country, ka bar su su ji daɗinsa, don kyawunsa na gaske ne. Washegari ka maimaita minti biyar daga ciki ba sauti, su nemo inda aka yanke, su ƙirga sau nawa suka ga dabbobi biyu a hoto ɗaya. Sannan ka kawo na tagwayen Craighead. In kuna da intanet mai ƙarfi, akwai kyamarori da aka kafa a magangarar ruwan Brooks da ke Katmai, masu nuna beyar kai tsaye suna kamun kifin salmon. Yuli da Satumba ne lokacin da suka fi taruwa. Babu kiɗa, babu mai sharhi, kuma wani lokaci sai a daɗe dabba tana tsaye cikin ruwa ba ta kama komai ba. Akwai tazarar sa'o'i 9 tsakanin Alaska da Najeriya a waɗannan watanni, don haka abin da za ku gani da safe a aji dare ne a can. Ka nemi hotunan da aka adana na ranar da ta gabata, ko ka shirya kallon bayan la'asar.